Da wane littafi ake fara karatun dokar ƙasa da ƙasa?

"Assalamu alaikum, Allah ya gafarta Malam. Ni ɗalibi ne daga cikin Hausawan yankin Sinnar. Ina shekara ta biyu a sashen Shari'a da Doka yaƙi ya ɓarke aka rufe makarantarmu. Yanzu ina Jidda wurin kawuna, ina taya shi jiran shago, kuma ba na so karatuna ya zube. Zuciyata ta karkata ga dokar ƙasa da ƙasa, sai dai littattafan da nake jin ana ambata suna da yawa, ga shi Larabcina ya fi Turancina ƙarfi nesa. Da wanne zan fara? Sannan kawuna yana cewa ɓata lokaci ne, domin da dokar nan tana aiki da ba a yi mana abin da aka yi mana a Sudan ba, da ba a yi wa mutanen Gaza abin da aka yi musu ba. Shin yana da gaskiya?"

Wa alaikumus salam, ɗana. Allah ya kawo mana ƙarshen wannan fitina, ya mai da kowa gidansa lafiya, ya sa albarka a karatunka. Tambayoyinka biyu ne, ta littafi da ta kawunka, kuma na ga ya fi dacewa in fara da ta kawun, domin ɗalibin da bai warware ta a zuciyarsa ba, duk littafin da aka miƙa masa, ko dai ya haddace shi don jarrabawa kawai, ko kuwa ya ajiye shi tun a babi na uku yana cewa shirin Turawa ne. Na daɗe ina koyar da wannan fanni a Khartum kafin yaƙi ya dawo da ni Bur Sudan, kuma ɗalibai iri biyun nan duk sun zauna a gabana.

Maganar kawunka

Dokar ƙasa da ƙasa ba ta da siffar dokar cikin gida. A cikin ƙasa akwai majalisa mai yin doka, akwai alƙalin da sammacinsa ke isa ga mutum ko yana so ko ba ya so, akwai ɗan sanda, akwai gidan yari. Tsakanin ƙasashe babu sarkin da ke bisa kowa. Ƙasashen ne da kansu suke yin dokar, ta hanyar yarjejeniyoyin da suka rattaba wa hannu suka kuma tabbatar, da kuma ta hanyar al'adar da suka daɗe suna bi suna ɗaukarta wajibi a kansu. Sashe na 38 na kundin Kotun Duniya, wato kotun Majalisar Ɗinkin Duniya mai shari'a tsakanin ƙasashe, shi ne inda kusan kowane littafi yake fara bayanin wannan: ya ambaci yarjejeniya, da al'ada, da ƙa'idojin shari'a da al'ummai suka yi tarayya a kansu, sannan ya ƙara da hukunce-hukuncen kotuna da rubuce-rubucen manyan masana a matsayin abin taimako wajen gano hukunci. Wanda ya riƙe cewa ginin ya tsaya ne a kan yardar ƙasashe zai gane dalilin da ya sa dokar take da ƙarfi a wasu wurare, take kuma da rauni ƙwarai a wasu.

Inda take da ƙarfi ba a cika lura da shi ba, saboda abin da ke tafiya daidai ba ya shiga labarai. Tafiyarka daga Sudan zuwa Jidda ta ishe ka misali. Idan ta ruwa ka bi daga Sawakin, ƙa'idojin kare rayuka a cikin jirgin suna ƙarƙashin wata yarjejeniya ta 1974. Idan ta sama ka bi, hanyar da jirgin ya ratsa da yaren da matuƙi ya yi magana da shi da hasumiyar filin jirgi sun samo tushe daga yarjejeniyar Cikago ta 1944. Katin rigakafin shawara mai ruwan ɗorawa da ake tambayar maniyyata daga Sudan da Najeriya, ka san shi, wanda ake ninkewa a cikin fasfo har gefensa ya ɗan yage, yana da fasali ɗaya a duk duniya ne saboda Dokokin Lafiya na Ƙasa da Ƙasa na 2005. Ofishin jakadancin Sudan da ke Jidda yana aiki ne a ƙarƙashin yarjejeniyar Biyana ta 1963. Har ƙasan tekun da ka tsallaka, Sudan da Saudiyya sun ƙulla yarjejeniya a kansa a 1974, inda suka mai da yankin da zurfinsa ya haura mita 1,000 na tarayya tsakaninsu saboda ma'adinan da ke kwance a can. Wannan ne ya sa masanin Amurka Louis Henkin ya rubuta a 1968 cewa kusan dukkan ƙasashe suna kiyaye kusan dukkan ƙa'idojin dokar a kusan kowane lokaci. Maganar gaskiya ce, amma ka lura da "kusan" ɗin nan da ya maimaita, domin a cikin ɗan abin da ya rage ne yaƙi yake, kuma a nan ne kawunka ya tsaya.

A nan kuwa yana da hujja, ba zan ɓoye maka ba. Sashe na 2 sakin layi na 4 na kundin Majalisar Ɗinkin Duniya ya haramta amfani da ƙarfi tsakanin ƙasashe, sashe na 51 ya toge kare kai, sannan aka danƙa tilastawa a hannun Kwamitin Sulhu mai kujeru 15, wanda biyar daga cikinsu ke da ikon hawa kujerar na-ƙi. A watan Nuwamba na 2024 an kawo daftarin ƙuduri kan kare fararen hula a Sudan, ƙasashe 14 suka goyi baya, Rasha ta hau kujerar na-ƙi, daftarin ya mutu. Amurka ta yi haka sau da dama a kan tsagaita wuta a Gaza. A garin da kake zaune yanzu aka sanya hannu kan Sanarwar Jidda ranar 11 ga Mayu, 2023, inda sojojin Sudan da dakarun RSF suka yi alkawarin kare fararen hula, bisa shiga tsakanin Saudiyya da Amurka. Abin da ke cikinta ba sabo ba ne, maimaita wajiban da ke cikin yarjejeniyoyin Jeniba na 1949 ne da ƙa'idojin yaƙi da suka biyo bayansu, kuma kai da ka baro Sinnar ba sai na gaya maka yadda aka yi da alkawarin ba.

Shari'o'i biyu nake so ka ajiye kusa da juna, domin a ganina sun fi kowane babi na littafi bayyana yadda doka da siyasa suke cuɗanya. A watan Disamba na 2023 Afirka ta Kudu ta kai ƙarar Isra'ila Kotun Duniya a ƙarƙashin yarjejeniyar hana kisan ƙare-dangi ta 1948, kotun ta saurari ƙarar, ta ba da umarnin wucin gadi ranar 26 ga Janairu, 2024. A watan Maris na 2025 Sudan ta kai ƙarar Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa a ƙarƙashin wannan yarjejeniya ɗin dai, tana zarginta da taimaka wa RSF a kan abin da aka yi wa ƙabilar Masalit a Yammacin Darfur, zargin da Daular ta musanta. Ranar 5 ga Mayu, 2025, kotun ta cire ƙarar daga jerin shari'o'inta ba tare da ta duba zargin ba. Mutane da yawa a nan sun ce an saye alƙalai ne. Dalilin da kotun ta bayar kuwa yana cikin sashe na 9 na yarjejeniyar, wanda shi ne ke ba ta hurumi: lokacin da Daular ta shiga yarjejeniyar a 2005 ta yi togaciya cewa wannan sashe bai hau kanta ba, alhali Afirka ta Kudu da Isra'ila ba su yi irin wannan togaciya ba. Duk ɗalibin da ya karanta babin togaciya a kan yarjejeniyoyi da babin hurumin kotu zai iya hango wannan sakamako tun ranar da aka shigar da ƙarar. Kotun ta kuma faɗa cewa rashin hurumi bai sauke wa kowace ƙasa wajibin da ke kanta ba. Wannan ba ya share hawayen wanda aka kashe wa dangi a Aljinena, babban birnin Yammacin Darfur, amma yana nuna maka ainihin wurin da ƙofar ta rufe, kuma wanda ya san wurin ne kaɗai zai iya neman wata ƙofar.

Lamarin Darfur a Kotun Hukunta Manyan Laifuka ma haka yake, fuska biyu gare shi. Sudan ba ta tabbatar da yarjejeniyar Roma wadda ta kafa wannan kotu ba, amma Kwamitin Sulhu ya miƙa batun ga kotun da ƙuduri mai lamba 1593 a watan Maris na 2005, ga shi kuwa uku daga cikin masu kujerar dindindin, wato Amurka da Rasha da Sin, su kansu ba sa cikin kotun. An fitar da sammacin kama Umar al-Bashir, shugaban Sudan na lokacin, a 2009 da 2010, ya ci gaba da tafiye-tafiyensa, har ya halarci taron Tarayyar Afirka a Afirka ta Kudu a 2015 ya fice duk da umarnin wata kotun ƙasar. Duk da haka, a watan Oktoba na 2025 Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta sami Ali Kushaib, ɗaya daga cikin jagororin mayaƙan Janjawid, da laifukan yaƙi da laifukan cin zarafin bil'adama da aka aikata a Darfur a 2003 da 2004. Fiye da shekara 20 kafin a hukunta mutum ɗaya jinkiri ne mai ciwo, amma shaidu daga ƙauyukan da aka ƙona sun yi magana an rubuta, kuma wannan rubutu ba zai goge ba.

Abin da zan ce game da kawunka ke nan: ya yi daidai cewa dokar ba ta iya tsayar da mai ƙarfi idan ya yi niyya, amma hakan bai mai da karatunta ɓata lokaci ba. Rabuwar Kudancin Sudan ta bi ta yarjejeniyar zaman lafiya ta 2005 da ƙuri'ar raba-gardama ta Janairun 2011. Iyakar Abyei, yankin da Arewa da Kudu suke jayayya a kansa, an kai ta gaban masu sasanci a Hague, suka yanke hukunci a watan Yulin 2009. Rabon ruwan Nilu da ake ta jayayya a kansa tun da Habasha ta fara gina madatsarta yana komawa ga yarjejeniyar 1959, wadda ta ba Masar kubik mita biliyan 55.5, ta ba Sudan biliyan 18.5, ba ta kuwa sa Habasha a ciki ba. Duk ranar da yaƙin nan ya tsaya, za a zauna a rubuta takardu irin waɗannan, kuma ina so a sami 'ya'yanmu a cikin masu iya karanta su.

Littattafan Larabci

Tun da Larabcinka ya fi ƙarfi, da shi za ka fara, kada ka ji wata kunya a kan haka. Littafin Ali Sadiƙ Abu Haif mai suna Al-Ƙanun ad-Dauli al-Amm, wanda aka buga a Iskandariyya, shi ne wanda tsararraki na ɗaliban Masar da Sudan suka tashi da shi. Larabcinsa mai sauƙi ne, tsarinsa a fili yake, zai ba ka kalmomin fannin da taswirarsa. Aibinsa tsufa ne, saboda haka ka ɗauki tushe daga gare shi, kada ka dogara da shi a kan abin da ya faru bayan ƙarshen yaƙin cacar-baka. Muƙaddimar Salahuddin Amir, malamin Jami'ar Alƙahira, ta fi shi kusa da zamaninmu ta kuma fi shi zurfi, haka nan littafin Muhammad al-Majzub na Lubnan. Ɗaya daga cikin waɗannan ya isa. Kada ka tara ukun, domin babi-babinsu kusan ɗaya ne. Masu buga littattafai na Masar da Lubnan suna zuwa baje kolin littattafai na Jidda, kuma a nan za ka fi samun su da araha.

Abu ɗaya nake so ka sani game da yawancin littattafan Larabci na wannan fanni. Marubutansu da dama a Faransa suka yi karatu, sun kuma ɗauko salon can, wato fara kowace mas'ala da ta'arifi, da rabe-rabe, da ra'ayoyin malamai, sannan a ambaci shari'a a taƙaice a ƙasan shafi. Wannan salo zai yi maka daɗi domin ya yi kama da na fiƙihu da ka saba da shi, amma yana iya barin ɗalibi ya san sharuɗɗa huɗu na zama ƙasa kamar yadda yarjejeniyar Montebidiyo ta 1933 ta jera su, ya kasa bayyana dalilin da ya sa Kudancin Sudan ta shiga Majalisar Ɗinkin Duniya kwana biyar bayan samun 'yancinta, Falasɗinu kuwa har yau tana matsayin 'yar kallo. Amsar tana cikin yadda ake shigar da sabuwar ƙasa, wanda dole sai Kwamitin Sulhu ya ba da shawara tukuna, kuma littattafan Turanci sun fi tsayawa a kan irin wannan.

Littattafan Turanci

Malaman fannin suna kiran littattafan nan da sunayen marubutansu, kuma da sunayen za ka neme su. Kuskuren da na fi gani wurin ɗalibai shi ne su fara da mafi girma saboda shi suka fi jin sunansa. Ka tuna yadda ake yi a zaure: ba a ɗora wa yaro Muhtasar kafin ya sauke Ahalari da Ishmawi da Iziyya. Littafin Malcolm Shaw, wanda ya fara fitowa a 1977 ya kai bugu na tara a 2021, ya haura shafi dubu. Na Ian Brownlie, wanda ya fara fitowa a 1966 kuma James Crawford ya sabunta shi a 2012 da 2019, an rubuta shi ne don lauyoyi da alƙalai, jimlolinsa a dunƙule suke, yana ɗauka cewa mai karatu ya riga ya san shari'o'in da yake ishara gare su. Su biyun na komawa ne idan mas'ala ta taso, lokacinsu zai zo.

Wanda Turancinsa bai yi ƙarfi ba ya fara da ɗan ƙaramin littafin gabatarwa na Vaughan Lowe, wanda Jami'ar Oxford ta buga a 2015 a cikin jerin gajerun littattafanta. Yana shiga aljihu, za ka iya karanta shi a shago idan ciniki ya lafa, da ƙamus a gefe. Daga nan ka wuce zuwa na Jan Klabbers, malamin Jami'ar Helsinki, wanda ya fara fitowa a 2013. Shi na fi ba ɗalibaina shawara a kansa, domin gajere ne idan aka gwada shi da na Shaw, kuma a kowane babi yana nuna cewa ƙa'idar da yake bayani wasu ne suka zaɓe ta, saboda wata maslaha, a wani lokaci. Idan ba ka same shi ba, littafin Michael Akehurst na 1970, wanda aka yi ta sabuntawa bayan rasuwarsa, yana da bayani mai tsabta. Tsohon bugunsa ma zai yi maka amfani a babin tushen doka da na yarjejeniyoyi.

Akwai wani da ya dace da tambayar kawunka kai tsaye, wato littafin Shirley Scott, malama a Ostareliya, a kan dokar ƙasa da ƙasa a cikin siyasar duniya, wanda ya fara fitowa a 2004. Ta rubuta shi ne don ɗaliban siyasa da hulɗar ƙasashe waɗanda ba su karanta shari'a ba, shi ya sa harshensa ya sauƙaƙa. Abin da na fi so a cikinsa shi ne yadda take nuna cewa kafa hujja da doka wani salo ne na gwagwarmayar siyasa, da yadda take koya wa mai karatu ya warware yarjejeniya sashe-sashe. Ba ya maye gurbin littafin ƙa'idoji, domin bai shiga cikin hukunce-hukunce da zurfi ba, amma idan ka haɗa shi da na Klabbers ko na Salahuddin Amir, ɗaya zai gaya maka abin da dokar ta ce, ɗayan ya gaya maka abin da ƙasashe suke yi da ita. Littafin Antonio Cassese ma yana da wannan ruhi, ga shi kuma marubucin ba baƙo ba ne ga lamarinmu: shi ya shugabanci kwamitin bincike na Majalisar Ɗinkin Duniya a kan Darfur, wanda rahotonsa na Janairun 2005 ya ce an aikata laifukan yaƙi da na cin zarafin bil'adama, ya ba da shawarar a miƙa batun ga Kotun Hukunta Manyan Laifuka.

Abin da littattafan gabatarwa suke wucewa da sauri

Yawancinsu suna fara tarihi daga Hugo Grotius da littafinsa na 1625 da sulhun Westfaliya na 1648, kamar kafin nan duniya ba ta san alkawari ko jakada ba. Kai ɗalibin Shari'a ne, kana da abin da abokan karatunka na Turai ba su da shi. Muhammad bn al-Hasan ash-Shaibani, almajirin Abu Hanifa, wanda ya rasu a shekara ta 189 bayan Hijira, ya rubuta As-Siyar al-Kabir a kan yaƙi da sulhu da amana da fursunoni da jakadu, Sarakhsi ya yi masa sharhi, kuma a zamaninmu Muhammad Hamidullah da Wahba az-Zuhaili sun yi rubutu mai nauyi a wannan babi. Ka karanta su, amma ka kiyayi saurin cewa duk abin da ke cikin yarjejeniyoyin Jeniba yana cikin Siyar. Siyar hukunci ne da daular Musulmi ta ɗora wa kanta a mu'amalarta da wasu, tushensa wahayi da ijtihadi. Dokar yau kuwa ta ginu ne a kan yardar ƙasashe masu daidaiton matsayi a takarda. Suna haɗuwa a wurare da yawa, kamar cika alkawari da kare jakada da hana kashe wanda ba ya yaƙi, suna kuma rabuwa a wasu, kuma aikin ilimi shi ne a nuna duka biyun da amana.

Abu na biyu da suke taƙaitawa shi ne mulkin mallaka, kuma wannan ya shafe mu a jika. Kakanninmu da suka biyo Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, bayan yaƙin Burmi da aka yi da Turawa a 1903, suka zauna a bakin Shuɗin Nilu sun ratso ƙasashen da Turawa suka riga suka raba a takarda bayan taron Balin na 1884 zuwa 1885, suka iso wata ƙasa da Ingila da Masar suka ƙulla yarjejeniyar mulkinta a 1899, duk da sunan doka. Antony Anghie, a littafinsa na 2005, ya kafa hujja cewa mulkin mallaka yana cikin ainihin abin da ya gina ma'anar ikon ƙasa a wannan doka. Idan kana son ganin haka a aikace, ka karanta hukuncin Bakasi, yankin da Najeriya da Kamaru suka yi jayayya a kansa, na 10 ga Oktoba, 2002, inda Kotun Duniya ta fifita yarjejeniyar Ingila da Jamus ta 1913, ba ta ɗauki yarjejeniyar 1884 da Ingila ta ƙulla da sarakunan Tsohuwar Kalaba a matsayin wadda ta hana Ingila bayar da yankin ba. Najeriya ta ji zafin hukuncin, amma ta miƙa wa Kamaru yankin a 2008 ba tare da yaƙi ba. Ka haɗa da rubutun Taslim Olawale Elias na Najeriya, wanda ya shugabanci Kotun Duniya daga 1982 zuwa 1985, musamman littafinsa na 1972 a kan Afirka da bunƙasar dokar, domin ka ga yadda mutanenmu suka shiga cikin ginin suka yi ƙoƙarin gyara shi daga ciki. Sai dai kada ka fara da masu suka. Wanda bai san ƙa'ida ba ba zai gane abin da ake suka ba.

Yadda za ka karanta

Littafi kaɗai ba ya koyar da wannan fanni, sai an haɗa shi da nassi. Ka sauke kundin Majalisar Ɗinkin Duniya da Larabci a wayarka, sashe 111 ne kawai, ka karanta sashe na 2 da na 27 da babi na bakwai har su zauna maka. Ka ƙara da yarjejeniyar Biyana ta 1969 a kan yarjejeniyoyi, musamman sashe na 19 zuwa 23 a kan togaciya da sashe na 26 a kan cika alkawari. A aji nakan rubuta sashe na 9 na yarjejeniyar kisan ƙare-dangi a allo, in raba ɗalibai gida biyu, in ce wasu su tsaya wa mai ƙara, wasu su tsaya wa wanda ake ƙara, kowa da takardar a hannunsa, ba a yarda kowa ya ce "a ganina" ba sai ya nuna layin da ya dogara da shi. Kai da kake kai kaɗai za ka iya yin haka da alƙalami: ka rubuta hujjar ɓangaren da ba ka so da iyakar ƙarfinta kafin ka rubuta taka. Majalisar Ɗinkin Duniya tana buga taƙaitattun hukunce-hukuncen Kotun Duniya da Larabci, kuma tana da ɗakin karatu na sauti da bidiyo a intanet inda manyan masana suke ba da darasi kyauta.

Shawarata tana da iyaka, kuma gara ka san ta. Ni malamin aji ne, abin da na gaya maka ya fito ne daga koyarwa da karanta hukunce-hukunce, wanda kuwa ya yi aiki a ma'aikatar harkokin waje ko ya tsaya gaban kotu zai ƙara maka abin da aji ba ya bayarwa. Littattafan nan kuma suna tsufa da wuri a babin yaƙi da na manyan laifuka, saboda haka ka riƙa duba shekarar bugu kafin ka ɗauki maganarsu a kan abin da ke gudana. Sannan kada ka nemi maganin matsalar iƙamarka ko ta takardar jinsiyya a cikinsu: Saudiyya ba ta cikin yarjejeniyar 'yan gudun hijira ta 1951, zama a ƙasar yana ƙarƙashin dokokinta na cikin gida, haka nan wanda ake ba shaidar zama ɗan ƙasa a Sudan galibi dokar Sudan ce take yankewa. Irin wannan sai lauyan da ya san dokar wurin.

Idan kana da niyyar zurfafawa har digiri na biyu, ka sa gyaran Turancinka cikin karatun tun yanzu, domin Kotun Duniya da Turanci da Faransanci take aiki, cikakkun hukunce-hukuncenta da ra'ayoyin alƙalan da suka saɓa wa masu rinjaye a waɗannan harsuna biyu suke fitowa. Hanya mafi sauƙi ita ce ka karanta babi a littafin Larabci da safe, ka karanta takwaransa a na Lowe ko na Klabbers da dare, kana rubuta kalmomin fannin a harsunan biyu a littafin rubutu ɗaya. Ka fara da babin tushen doka, sai na yarjejeniyoyi, sai na hurumin kotuna, sannan ka ɗauko umarnin 5 ga Mayu, 2025 ka karanta shi da kanka tun daga farko har ƙarshe.